Marubuci da Inuwar Ubangida: Moustapha Alassane a Madubin Giovanni Pastrone

A wannan ƴar maƙala za mu duba wata matsala da ta daɗe a tarihin sinima, wato yadda sunan babban mutum kan rufe na wanda ya yi aikin. Misalinmu na farko daga Italiya yake. A 1914 kamfanin Itala Film na birnin Torino ya fitar da fim ɗin Cabiria, zamanin da majigi bai fara magana ba. Giovanni Pastrone ne ya tsara labarin, ya kuma ba da umarni, amma sunan mawaƙi Gabriele D'Annunzio aka ɗaga a matsayin marubuci, alhali babban aikinsa shi ne rubutun da ke fitowa tsakanin hotuna da raɗa wa taurari sunaye.

A ganinmu, irin wannan ta sami Moustapha Alassane (1942-2015), wanda ya zauna a Tawa shekaru masu yawa. Masharhanta da dama sukan fara tarihinsa daga haɗuwarsa da Jean Rouch a Yamai, sannan horon da ya samu wajen Norman McLaren a Kanada. Ba mu musanta tasirin waɗannan malamai ba. Sai dai kafin ya san su, Alassane ya riga ya fara nuna wasan inuwa da hotunan da ya zana da hannunsa. Ashe ke nan, kamar Pastrone wanda ya ƙera keken tura kyamara, shi ma maƙeri ne kafin ya zama darakta.

Hujjarmu tana cikin ayyukan kansu. Rouch ya fi karkata ga ɗaukar al'ada yadda take gudana, shi kuwa Alassane zambo ya sa gaba. A Bon voyage Sim (1966) ya mai da shugaban ƙasa kwaɗo mai tafiya ziyarar aiki cikin alfarma. A Le Retour d'un aventurier (1966) samari sun sa tufafin kaboyi sun hargitsa ƙauyensu. A FVVA (1972) ya caccaki kwaɗayin mace, gida, mota da kuɗi. Wannan jigo ba aro ba ne. Tushensa tatsuniya da habaici.

Haka kuma, a finafinansa na zane hoto ke ɗauke da labari fiye da magana, kamar a majigin Italiya na farko. Manomin Bangi ko na Madawa, Buza da Keita ba ya buƙatar Faransanci kafin ya gane dagar da ke cikin Kokoa, inda dabbobi ke kokowa, don filin da kirarin nasa ne.

Saboda haka muna kira ga ɗalibanmu da su nazarci Alassane a matsayin marubuci mai cin gashin kansa, su auna shi da ma'aunin adabin baka na Adar. Italiya ta mayar wa Pastrone da haƙƙinsa a kan Cabiria. Na Alassane kuwa, nauyin yana wuyanmu.