Fuskar Aro: Nazari kan 'Yan Tallan Gidajen Abincin Gaggawa

A shekarar 1906 marubucin nan Ba'amurke Upton Sinclair ya fitar da littafinsa The Jungle, inda ya tona ƙazantar da ake tafkawa a manyan mayankan birnin Chicago. Hankalin jama'a ya tashi har majalisa ta kafa dokar duba nama a wannan shekarar, amma tsoro bai bar zukata ba. An daɗe mai mutunci ba ya yarda ya ci niƙaƙƙen nama a waje, domin abin da aka niƙa ba wanda ya san me aka cusa cikinsa. A kan wannan naman da ake ƙyama aka gina sana'ar hamboga, saboda haka tun ranar farko babban aikin mai tallarta shi ne ya sayo yardar mutane.

Kamfanin White Castle, wanda Billy Ingram da Walter Anderson suka kafa a Wichita ta jihar Kansas a 1921, da gini ya nemi wannan yarda. Shago fari fat mai siffar ƙaramar fada, ma'aikata cikin fararen kaya, ana gasa naman a idon mai saye, kowace hamboga senti biyar. Har lokacin akwai mutum tsaye a bakin wuta wanda ake iya kallon hannunsa.

'Yan'uwa biyu, Richard da Maurice McDonald, su suka kawar da wannan mutumin. A 1948 suka sake tsarin gidan abincinsu na San Bernardino a Kalifoniya: suka sallami 'yan matan da ke kai abinci bakin mota, suka rage yawan abincin da ake sayarwa, suka mayar da kicin masana'anta. Wannan gashi kawai yake yi, wancan shafa miya, na ukun naɗewa cikin takarda, kuma ko wane aka cire gobe a sa wani ba tare da ɗanɗano ya canja ba. A nan gida kowa ya san mai tsiren unguwarsu da suna, in nama ya kwana gobe za a je a faɗa masa a gaban jama'a, kunyarsa kuwa ita ce jinginar mai saye. Sabon tsarin ya ba da sauri da araha, ya ɗauke wanda zai ji kunya. Sai aka zana masa magaji, wani ɗan kuku mai kai irin na hamboga da aka raɗa wa suna Speedee, yana ƙyafta ido a jikin allon shago. A ganina duk 'yan tallan da suka biyo baya, masu rawani da masu jan hanci, wannan gurbin suka zo cikewa.

Ray Kroc, mai sayar da injin kaɗa madara wanda ya buɗe reshensa na farko na McDonald's a Des Plaines a 1955, ya sayi kamfanin gaba ɗaya a 1961 kan dala miliyan 2.7. Ba da daɗewa ba aka ajiye Speedee. Wanda ya maye gurbinsa bai fito daga hedikwata ba. Masu rassan birnin Washington sun saba ɗaukar nauyin wani shirin yara na talabijin inda Willard Scott ke fitowa a matsayin ɗan barkwanci mai fentin fuska, Bozo, kuma sun ga yadda layi ke tsawo duk ranar da ya ziyarci shagonsu. Da aka daina shirin, sai suka nemi nasu na kansu. Haka Ronald McDonald ya bayyana a 1963, da kofin takarda a hanci da faranti ɗauke da abinci a ka. Da kamfani ya yanke shawarar yaɗa shi ƙasa baki ɗaya sai aka ajiye Scott, wanda daga baya ya ce ƙibarsa ce ta jawo. Ashe tun farkon tafiya an san ba a so yaro ya haɗa wannan abinci da jiki mai nauyi.

Me ya sa yara? Yaro ba shi da kuɗi, amma yana da naci, kuma ba ya zuwa shi kaɗai. In ya ci galaba uwa da uba da ƙanne duk sun shigo. Bayan haka ɗanɗanon da harshe ya saba da shi a shekara biyar yakan bi mutum har furfura. Kroc bai ɓoye lissafinsa ba, domin ya ba da labarin yadda suke shawagi a jirgin kamfani suna neman makarantu da hasumiyoyin coci don sanin inda za a kafa reshe. A farkon shekarun 1970 aka gina wa Ronald ƙasa guda a talabijin, McDonaldland, mai magajin gari da ɗan sanda da ɓarawon hamboga da wani ƙato mai launin shunayya da ake kira Grimace. Ƙasar ma ta aro ce: Sid da Marty Krofft, masu shirin yara na H.R. Pufnstuf, sun kai ƙara cewa an kwaikwayi aikinsu, kotun ɗaukaka ƙara ta ba su gaskiya a 1977. A 1979 aka fito da akwatin Happy Meal a faɗin Amurka, abinci kaɗan da abin wasa a ciki, ana sauya abin wasan lokaci lokaci don wanda ya samu ɗaya ya dawo neman sauran.

Abin da ke damuna a nan ya wuce mai da gishiri. Kwamitin ƙungiyar masana halayyar ɗan'adam ta Amurka ya bayyana a 2004 cewa yaron da bai kai shekara takwas ba galibi bai iya gane cewa talla tana da wata manufa a kansa. Babba yana ganin talla ya san ciniki ake nema. Yaro aboki yake gani. An ɗauki mafi kyawun halinsa, saurin amincewa, an mayar da shi ƙofar shiga aljihun iyayensa. Na san akwai gidajen Ronald McDonald, waɗanda aka fara a Philadelphia a 1974, inda iyayen yara marasa lafiya ke samun masauki kusa da asibiti, kuma alherin da suke yi na gaske ne. Sai dai suna ɗaya ke kan ƙofar masaukin da kan akwatin abincin, kuma duk lokacin da aka soki na biyun ana nuna na farkon.

Labarin Harland Sanders ya bi ta wata hanya, kuma shi ya fi taɓa ni, domin shi mutum ne mai jini a jika kafin ya zama tambari. An haife shi a 1890, ya yi sana'o'i barkatai kafin ya fara ciyar da matafiya a gidan mansa na Corbin a jihar Kentucky. Kanar ɗin da ake kiransa sarautar girmamawa ce da gwamna Ruby Laffoon ya ba shi a 1935, ba ta da alaƙa da soja. Da sabuwar babbar hanya ta kauce wa garin ciniki ya mutu, sai ya ɗora tukwanensa da ƙullin kayan yajinsa a mota yana da shekara sittin da 'yan kai, yana bin gidajen abinci yana soya musu kaza, wanda ya yarda ya riƙa biyansa 'yan sentoci kan kowace kaza. Farar kwat da baƙin igiyar wuya da ɗan gemu shi ya zaɓar wa kansa su, ya zauna cikinsu har mutuwa. A 1964 ya sayar da kamfaninsa, KFC, ga John Y. Brown Jr. da Jack Massey kan dala miliyan biyu, aka riƙe shi a matsayin jakada mai albashi.

Daga nan ya gane abin da ya sayar. Yakan faɗa reshe ba sanarwa, ya ɗanɗana romon da ake zubawa kan dankali, ya tofar. Ya taɓa gaya wa 'yan jarida cewa romon ya koma kamar gam ɗin liƙa takardar bango, har wani mai reshe ya maka shi kotu kan ɓata suna, kotu ta kori ƙarar. Shi ma ya kai ƙarar kamfanin Heublein, wanda ya sayi sana'ar a 1971, kan amfani da siffarsa wajen tallan abubuwan da bai san da su ba, aka sasanta a wajen kotu. Tsoho yana tsaye yana cewa wannan ba girkina ba ne, hotonsa kuma yana murmushi a jikin bokitin da ke hannun mai saye. Ya rasu a 1980. A ƙarshen shekarun 1990 aka mayar da shi zanen katun mai tsalle da rawa, daga 2015 kuma aka riƙa sa 'yan wasa suna karɓa-karɓar farar kwat ɗin, har da mawaƙiya Reba McEntire a 2018. Wanda ya mutu ba ya shiga kicin ya ɗaga murfin tukunya, shi ya sa ya fi mai rai amfani ga kamfani.

Dave Thomas, wanda ya yi aiki da Sanders, ya ɗauki darasin. Da ya buɗe Wendy's a Columbus a 1969 sai ya sa hoton 'yarsa mai jan gashi a allo, daga 1989 kuma ya riƙa fitowa da kansa a talla fiye da 800 har rasuwarsa a 2002. Kafin nan, a 1984, tallarsu da tsohuwa Clara Peller ke duba ƙaton burodi tana tambaya ina naman ta shiga bakin jama'a har Walter Mondale ya jefi Gary Hart da ita a muhawarar neman takarar shugaban ƙasa. Wasu kuwa sun ƙone hannu. Ɗan karen Taco Bell na 1997 ya fusata ƙungiyoyin 'yan asalin Latin Amurka da suka ga ana yi musu ba'a, aka janye shi a 2000. Sarkin Burger King mai daskararriyar fuskar roba ya tsorata mutane fiye da yadda ya jawo su, aka sauke shi a 2011.

Masu adawa ba su yi barci ba. Lardin Quebec na Kanada ya hana tallan da ke nufin 'yan ƙasa da shekara 13 tun 1980. A Ingila, McDonald's ya kai wasu 'yan fafutuka biyu, Helen Steel da Dave Morris, ƙara kan wata takarda da suka raba. A 1997 alƙali Rodger Bell ya ba kamfanin nasara a wasu batutuwa, amma ya tabbatar cewa tallarsa tana cin moriyar raunin yara. Birnin San Francisco ya hana ba da abin wasa kyauta tare da abincin da bai cika sharuɗɗan lafiya ba, kamfanin ya zagaye dokar ta hanyar sayar da abin wasan senti goma. Ƙasar Chile ce ta kama bakin zaren a 2016: duk abincin da sukari ko gishiri ko kitse ya wuce ƙa'ida a cikinsa, a manna masa baƙin tambarin gargaɗi, kuma ba shi da damar ɗaukar zanen katun ko rakiyar abin wasa. Damisar da ke jikin kwalin hatsin Kellogg's haka ta ɓace daga kantunan ƙasar.

Ronald kansa ya ja baya a 2016, lokacin da tsoron masu shigar barkwanci da ke razana mutane ya bazu a Amurka. Ba a daina neman yara ba, hanya aka sauya. Yanzu mawaƙa ake haya, Travis Scott a 2020, ƙungiyar BTS a 2021. A 2023 aka tono Grimace aka yi masa bikin ranar haihuwa da wani abin sha mai launinsa, matasa suka cika TikTok da bidiyonsa, suna yi wa kamfani talla ba ko sisi. Waɗanda suka girma da McDonaldland su ne iyayen yau, kuma kewar ƙuruciyarsu aka koma sayar musu.

McDonald's bai shigo Najeriya ba, amma dabarar ta riga shi isowa. Mr Bigg's ya buɗe a Legas a 1986, KFC ya zo a 2009 da fuskar Kanar, wanda da yawa daga masu cin kazarsa ba su san ya taɓa rayuwa ba. Wanda ya fi kowa ƙwarewa wajen neman zuciyar yaro a nan kuwa ba gidan abinci ba ne, taliyar Indomie ce, da jarumanta na katun da ake kira Indomitables da ƙungiyar magoya bayanta da ke bin makarantu. Ƙasar tana da hukumar kula da tallace-tallace ta ARCON, tana da NAFDAC mai kula da abin da ake rubutawa a jikin leda. Abin da Chile ta yi bai buƙaci komai ba sai auna gishiri da sukarin da ke cikin leda, sannan a yanke ko ta cancanci ɗaukar hoton jarumi, kuma aikin nan hukumomin biyu suna da ikon yinsa.