Madugu Da Kayansa: Mun Duba Littafin "The Ship"

Littafin da za mu duba a wannan mako na Turanci ne, sunansa The Ship, watau Jirgin Ruwa. Wani Bature mutumin Ingila ne ya rubuta shi, ana ce da shi C. S. Forester, aka buga shi cikin 1943, sa'ad da Yaƙin Duniya na Biyu ke tsakiyar ci. An haifi mawallafin nan a Alƙahira cikin 1899, ya rasu a Amurka cikin 1966, ya kuwa yi suna ƙwarai wajen ba da labarin jiragen ruwa. Littafin ba shi da kauri, Turancinsa kuma ba mai wuya ba ne, in banda sunayen kayan jirgi, waɗanda malaminku zai bayyana muku. Muna so ku karanta shi saboda abu biyu. Na fari, ku ga yadda gwani ke shirya labari. Na biyu, ku ga yadda gwanin nan ke iya kai mai karatu har bakin gaskiya mai ɗaci, sa'an nan ya ajiye alƙalami.

Kafin mu shiga littafin sai ku buɗe taswira. Can tsakiyar Bahar Rum, kudu da Sisili da misalin mil 60, za ku ga wani ɗan ɗigo, shi ne tsibirin Malta. A zamanin yaƙin yana hannun Ingilishi, mutanensa sun haura 250,000. Harshensu daga Larabci ya samo asali, har ma ko da ya ke Kirista ne, in za su ambaci Ubangiji "Alla" su ke cewa. Ƙasar duwatsu ce, abin da ta ke nomawa ba ya ci da mutanenta, sai an kawo alkama da kananzir da fetur daga waje. Amfaninta ga Ingilishi kuwa shi ne ta tsuguna daidai kan hanyar da jiragen Italiya ke bi su kai wa sojansu da na Jamus kaya a Tarabulus. Saboda haka tun daga watan Yuni 1940, da Italiya ta shiga yaƙi, aka fara yi mata ruwan bom, cikin 1941 Jamus suka zo suka taya. Duk buhun garin da zai shiga tsibirin sai ya taso ko daga Jibralta ta yamma, ko daga Iskandariya ta gabas, kowace tafiyar ta fi mil 800, abokan gaba kuwa na dako a sama da ƙarƙashin ruwa.

Dabarar da aka yi ba baƙuwa ba ce ga jikokin fatake. Waɗanda suka riƙa zuwa Gwanja sayen goro ba su tafiya ɗai ɗai, sai su haɗu su yi ayari, da madugu da jagaba da masu makamai a gefe. Haka aka yi a teku. Jiragen kaya su tafi a tsakiya, jiragen yaƙi su kewaye su. Ku riƙe wannan misali, gama da shi za mu auna littafin.

Labarin na yini guda ne tak, cikin wani jirgin yaƙi matsakaici da mawallafin ya laƙaba wa suna Artemis, yana rakiyar ayari zuwa Malta, sai manyan jiragen Italiya suka tare hanya. Sunan jirgin da na mutanen cikinsa duk ƙage ne, amma gwabzawar ta auku. Ita ce wadda aka yi a tekun Sirt, gabas da Tarabulus, ran 22 ga Maris 1942. Jirgin da ya kwaikwaya kuwa sunansa Penelope, ga mutanensa ma ya sadaukar da littafin. A ran nan Admiral Vian na Ingilishi ba shi da babbar manuwa ko ɗaya. Italiya suka zo da Littorio, wadda bakin igwoginta inci 15 ne, alhali mafi girma a wajen Vian inci 6. Da ƙarfi za a gwada, da ba a kai la'asar ba an gama. Sai Vian ya sa jiragensa suka tuƙa hayaƙi baƙi ƙirin tsakaninsu da abokan gaba, iska kuwa na kaɗa shi wajen Italiya. Su fito daga hayaƙin su yi harbi, su koma su ɓuya. Italiya suka yi ta neman hanyar zagayawa ba su samu ba, suna kuma tsoron kutsawa cikin hayaƙin kada a sakar musu nakiyar ruwa. Da magariba ta yi suka juya.

To, ga inda gwanintar Forester ta ke. Kowane babi ya buɗe shi da 'yan kalmomi kaɗan daga rahoton da kyaftin zai aika wa manyansa, irin maganar ofis, busasshiya, ba gishiri. Sa'an nan babin ya nuna mana abin da ke ƙarƙashin kalmomin nan. Rahoto zai ce an ci gaba da harbi, babin kuwa ya kai mu cikin ɗakin igwa, mu ga mutanen da ke cusa harsashi, gumi na zuba, kowa da abin da ya baro a gida. Ya fara littafin ma da abin da wani ba zai tuna ba, watau yadda za a ci da ɗaruruwan mutane cikin ɗan lokacin da jiragen sama suka ɗaga ƙafa. Wannan hikima ce. Mai karatu na jiran igwa, sai aka nuna masa tukunya, nan take ya gane da ciki a kan yi yaƙi, kuma ayarin nan duk saboda cikin mutanen Malta aka taso da shi.

Daga nan ya bi jirgin ɗaki ɗaki. Ga masu lura da inji can ƙasa, waɗanda ba su ganin rana, ba su san ko ana cin nasara ko ana nutsewa ba, sai dai su ji ƙara su ci gaba da aikinsu. Ga masu auna nisan abokan gaba. Ga magatakardan kyaftin, wanda ke fama da tsoron da ke cikin zuciyarsa. Babu wanda aka mai da shi zakaran da ya fi kowa. Jarumin littafin jirgin ne kansa, kowane mutum gaɓa ce a jikinsa. Wanda ya taɓa yin gayya a gona, ko ya ga masu jan kwalekwale, ya san abin da a ke nufi. Hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka. A wannan wuri ba mu da abin cewa sai yabo, muna kuwa roƙon ku lura da shi in an ba ku insha'i. Yawancinku in kuka tashi ba da labarin wasan ƙwallo sai ku ce an yi wasa mai kyau, an ci biyu. Wannan rahoton kyaftin ne. Labarin yana wajen yaron da ya tsare gida da ƙafa mai ciwo bai gaya wa kowa ba.

Amma akwai wurare uku da mu ke da magana. Na fari, akwai babin da ya ɗauki harsashi guda ɗaya, ya bi asalinsa tun daga inda aka haƙo ƙarfensa da inda aka ƙera shi, har ya faɗa kan babban jirgin Italiya, sa'an nan ya nuna wai da harsashin nan tarihin duniya ya juya. Babin na da daɗin karatu ƙwarai, mai yiwuwa ma shi za ku fi tunawa. Daɗin ne ya sa mu ke ce muku ku yi hattara. A gwabzawar gaskiya ɓarnar da aka yi wa Littorio kaɗan ce. Abin da ya kore ta duhu ne, domin jiragen Italiya ba su da shirin yaƙin dare, ga kuma hadari ya taso, wanda har ya nutsar musu da ƙananan jirage biyu a hanyar komawa. Mawallafin da ya ɓata littafi guda yana koya mana aikin gayya, sai ga shi ya ɗora nasara bisa harsashi ɗaya.

Na biyu, su wa aka bari a waje? Mun san mai dafa abinci cikin jirgin yaƙi, amma mutanen jiragen kaya, waɗanda ke zaune bisa fetur da albarushi, jirginsu ba sauri ba sulke, daga nesa kaɗai mu ke hango su. Mutanen Malta kuma, waɗanda ke kwana cikin ramukan da suka fafe a dutse, a kan auna musu burodi, suna ne kawai a bakin wasu. An ba mu labarin 'yan rakiya, an mance da fatake da masu jiran kaya.

Na uku shi ne babba. Littafin ya ƙare da juyawar jiragen Italiya, mai karatu ya rufe shi da murna. Ga abin da ya biyo baya. Jiragen kaya huɗu ne suka taso daga Iskandariya ran 20 ga Maris, ɗauke da kaya tan 26,000. Saboda gwabzawar nan aka karkatar da su kudu, suka yi asarar sa'o'in da za su isa Malta cikin duhu, gari ya waye musu a fili. Ran 23 ga wata jiragen sama suka nutsar da Clan Campbell, saura misalin mil 20 ta isa. Breconshire ta sha bom dab da tsibirin, aka ja ta zuwa wani lungu, ta kife ran 27. Pampas da Talabot suka shiga tashar jirage, mutane na ta murna, ran 26 aka nutsar da su nan inda su ke tsaye, ba a gama sauke su ba. Abin da ya kai hannun mutanen Malta misalin tan 5,000 ne. Ku yi lissafi da kanku, ku ga ko ya kai kashi ɗaya cikin biyar.

Yanzu ku koma ga misalin ayari. In madugu ya dawo ya ce ya kori 'yan fashi, ba a kashe masa jagaba ba, za a yaba masa. Amma mai kaya zai tambaya, ina goron? Vian da mutanensa sun yi jaruntaka wadda babu mai musu. Duk da haka Italiya sun sami rabin abin da suka zo nema, gama jinkirin da suka jawo shi ya ba jiragen sama dama. Littafin da ya ɓoye wannan ya ba da rabin labari.

Kada mu zalunci mawallafin. Cikin 1943 ya rubuta, yana Amurka yana yi wa gwamnatin Ingila aikin watsa labarin yaƙi, nufinsa ya ƙarfafa zukata, ya kuma sa Amurkawa su ga ƙoƙarin abokan yaƙinsu. Mai kirari a bakin daga ba ya lissafa gawa. Bai kuma ce tarihi ya ke rubutawa ba, ya canja sunaye don a san ƙage ne. Laifin zai zama namu in muka ɗauki kirari a matsayin shaida. Abin da mu ke jin takaicinsa shi ne gaskiyar ta fi ƙagen ban tausayi da ban mamaki, marubuci kamarsa kuwa da ya iya da ita.

Ku dubi abin da ya auku bayan nan. Ran 15 ga Afrilu 1942 Sarkin Ingila Joji na Shida ya ba tsibirin duka lambar girma ta George Cross, wadda har yau tana jikin tutar Malta, ko da ya ke ta sami mulkin kai cikin 1964. Amma lamba ba ta cika ciki. Cikin Agusta 1942 aka taso da ayarin jiragen kaya 14 daga yamma, biyar kaɗai suka isa. Na ƙarshensu jirgin mai ne, sunansa Ohio, wanda aka fasa, injinsa ya mutu, ƙananan jiragen yaƙi biyu suka tallafe shi dama da hagun kamar yadda a ke tallafar majinyaci, suka shigar da shi ran 15 ga Agusta. Sai cikin Nuwamba na shekarar ayari ya shiga ba a rasa jirgin kaya ko ɗaya ba. Ita kuwa Penelope, bom ya yi mata huji huji a tashar Malta, aka kai ta Amurka gyara, ta komo bakin daga. Ran 18 ga Fabrairu 1944 jirgin ƙarƙashin ruwa na Jamus ya nutsar da ita a gaɓar Italiya, mutum fiye da 400 suka halaka. Shekara guda ke nan bayan shekarar da aka buga littafin da ya yabe ta.

Saboda haka shawararmu ita ce ku nemi littafin ku karanta, ya cancanta. Ku koyi yadda ya ke ɗaukar kalma busasshiya ya cika ta da mutane. In kun kai shafin ƙarshe kuwa, ku tambayi malamin tarihi abin da ya faru da gari ya waye. Haka za ku riƙa yi wa kowane labarin nasara da aka ba ku, ko a littafi ko a jarida, har da wannan da ke hannunku. Ku tambayi inda mai labarin ya tsaya, da dalilin da ya sa ya tsaya nan, da wanda aka bari bai yi magana ba.