Gem dubu biyar a filasha ɗaya: a saya ko a bari?

Masu gyaran gem na Ikeja da Alaba sun samo wa tsohuwar PlayStation 2 sabuwar kasuwa. Na'urar nan da Sony ta fitar a 2000, wadda da yawa a unguwar nan suka cusa ƙarƙashin gado, yanzu ana ɗora mata manhajar Free McBoot a katin memori, a soka filasha, sai ga Super Mario, Contra da Sonic a talabijin. Ba a kwance ta, ba a ɗiga mata dalma kamar zamanin sa cif. Ka zare katin, ta koma yadda take. Wannan kam aiki ne mai kyau, kuma ya dace da ita. Ramin USB ɗinta tsohon yayi ne, shi ya sa manyan wasanninta ke sarƙewa daga filasha, amma Mario na 1985 ko nauyin hoto ɗaya na wayarka bai kai ba.

Inda nake da ja shi ne tallar. "Gem dubu biyar ne ciki, Alhaji!" Duk wanda ya yi zamanin kaset mai ruwan ɗorawa da aka rubuta wa 9999 a jiki ya san ƙarshen wannan zance. Wasa ɗaya ne ake jerawa sau uku, na Amurka, na Turai, na Japan, ga waɗanda rubutunsu kaf Japananci ne, ga waɗanda ba sa tashi sam. Na Nintendo ta farko da na Sega Mega Drive suna gudu lafiya lau, amma na Super Nintendo da yawa jan ƙafa suke yi, sauti na kakkatsewa. Mai gyara ba zai faɗa maka ba, tunda a kan yawa ya yanka kuɗinsa.

Sannan an yi wasannin ne don talabijin mai ƙeya. A falasma, in ba a gyara saitin hoto ba, sai ka ga Mario ya baje kamar an taka gurasa.

Duk da haka Contra kaɗai ta isa dalilin saye. Mutum biyu ne a gefe ɗaya, in ka yi gaggawar hawa sama ka bar ƙaninka a ƙasa, kai ka kashe shi. Yaran da ba su san komai ba sai gem ɗin ƙwallo da zagin wanda aka ci, a nan dole su jira juna.

In za ka kai taka, duba lambar da ke jikinta tukuna, don sirara na ƙarshe masu 90000 da yawansu ba sa karɓar katin. Kuma kada ka biya sai ka zaɓi wasa goma da kanka, an kunna su a gabanka.