Farar Makanta: Nazari a Kan Wani Littafi na Saramago

Masu ƙaga labari sun daɗe suna ƙirƙiro cuta wadda babu ita a duniya, domin su gwada halin ɗan Adam da ita. Daga cikin waɗanda suka yi fice a wannan fanni akwai José Saramago, mutumin ƙasar Fotugal, wanda ya wallafa littafinsa Ensaio sobre a Cegueira a 1995, aka ba shi kyautar Nobel ta adabi a 1998.

Ga yadda labarin ya ke a taƙaice. A wani birni marar suna, wani mutum yana cikin motarsa a bakin danja, sai launin kome ya ɓace masa. Duhu bai rufe shi ba, farin haske ne kamar madara ya cika masa ido. Likita ya duba, ya tarar idon lafiya lau, watau cutar ba a ƙwayar ido ta ke ba. Kafin a jima ta bazu kamar annoba, hukuma ta tattara majinyata ta kulle a wani tsohon gidan mahaukata, soja na gadi. Matar likitan kaɗai ta tsira da ganinta, ta yi ƙaryar makanta don ta bi mijinta.

Gwanintar mawallafin tana wajen zaɓen launi. Bahaushe ya ajiye alheri a wajen fari, sharri a wajen baƙi: farin ciki da baƙin ciki, farin jini da baƙin jini, har iskoki ma masu bori sun raba su farfaru da babbaƙu. To, ga littafi ya zo da masifa sanye da fararen kaya. Duk wanda ya bi hanyar Tsafe zuwa Gusau da hunturu, ya ga yadda hazo kan shafe Dutsen Kwatarkwashi na ƙasar Bungudu da rana tsaka, ya san farin da ke ɓoye abu ya fi duhu ruɗarwa. Mai tafiya cikin duhu yakan nemi fitila. Mai tafiya cikin hazo kuwa yana zaton yana gani.

Idan an gwama shi da littafin L. Frank Baum na 1900, The Wonderful Wizard of Oz, bambancin zai fito sarai. Can, kowa ya shiga birnin boka sai an ɗaura masa koren tabarau an kulle, ya dinga ganin kome kore. Wannan yaudara ce ta mai mulki, ana cire tabarau ta ƙare. Saramago kuwa bai bar wa mutanensa abin cirewa ba, bai kuma ba su azzalumi guda da za su ɗora wa laifi ba. Cikin gidan da aka kulle su, waɗansu majinyata suka sami bindiga, suka kame abinci, suka karɓe dukiyar 'yan'uwansu, daga bisani suka ce sai an kawo musu mata. Ashe zaluncin yana nan tun da fari, kunyar ido ce ta danne shi. Wannan shi ne cibiyar littafin, ya kuwa isar da ita ba tare da wa'azi ba.

Amma fa akwai abin suka. Na ɗaya, cutar ta zo ba dalili, ta tafi ba magani. A Ruwan Bagaja na Abubakar Imam, Alhaji Imam sai da ya sha wahalar duniya kafin ya samo ruwan magani, mai karatu ya ga abin da aka biya. Nan kuwa gani ya komo wa mutane haka kawai, ƙarshen bai kai nauyin farkon ba.

Na biyu ya fi girma. Littafin ya mai da rashin gani ƙofar ƙazanta da dabbanci, shi ya sa ƙungiyoyin makafi a Amurka suka yi tir da fim ɗin da aka yi da shi a 2008. Ana iya kāre mawallafin da cewa mutanensa sun makance ne farat ɗaya, ba wanda ya koya musu zama da lalurar. Duk da haka, mutanen ƙasar da makafi ke da sarkinsu da tsarinsu, ƙasar da ta haifi Aliyu Namangi na Zariya, makahon da ya tsara waƙoƙin Imfiraji, ba za su karɓi wannan sifa baki ɗaya ba.

Saboda haka marubucin Hausa da ke son ƙaga irin wannan cuta yana da darasi biyu. Ya zaɓi launin da ke da nauyi a harshensa, sa'an nan ya kiyaye kada misalinsa ya taka mutuncin masu lalura ta gaskiya. Saramago ya cika sharaɗin farko, ya gaza a na biyu, littafinsa kuwa ya cancanci karatu a kan duka biyun.