Ƙattin Zari-ruga: Daga Turereniya Zuwa Riƙe Usur

Daren Asabar, 21 ga Oktoban 2023, Chelsea da Arsenal suka tashi biyu da biyu, gidan kallon da nake zuwa a unguwar Malam Inna da ke Gombe ya watse. Saura 'yan tsiraru, yawancinsu ɗaliban jami'ar jiha da ke haya a unguwar, suna jiran wayoyinsu su cika. Na roƙi mai gidan ya juya mana tasha. Ingila da Afirka ta Kudu ne ke wasan kusa da na ƙarshe na gasar zari-ruga ta duniya a Faris, ruwa na zuba. Da ƙatti takwas suka sunkuya suka haɗa kai da wasu takwas, wato turereniya, wani yaro ya ƙyalƙyale da dariya: "Malam, wannan ƙwallo ce ko karon raguna?" Dattijon da ke sayar da shayi a ƙofa, wanda ya taɓa kokawa da ƙuruciya, ya daɗe yana leƙe. Can bayan hutun rabin lokaci ya nuna allo da cokali: "Ɗana, dubi ƙafa. Wancan gajeren ya shige ƙarƙashinsa. An gama da mai farar riga."

Gajeren shi ne Ox Nché na Afirka ta Kudu. Ingila na gaba da 15 da 6, amma turereniya ta riƙa kwance mata, alƙali na busa laifi, har Handré Pollard ya buga bugun da ya ba Afirka ta Kudu nasara da 16 da 15. Dattijon bai san doka ko ɗaya ta wasan ba, ya dai karanta abin da jikinsa ya sani.

Sunan da ake kiran waɗannan ƙatti, 'yan gaba, ma rikitarwa gare shi. A tamaula, ɗan gaba shi ne mai cin raga, ɗan lelen 'yan kallo. A zari-ruga kuwa, 'yan gaba su ne masu lamba 1 zuwa 8 cikin mutum 15, aikinsu ƙwato ƙwallo su miƙa wa bakwai na baya masu gudu, waɗanda akasari su ake tafa wa. Na 1 da na 3 su ne ginshiƙai, na 2 yana tsakaninsu, shi ke ƙwaƙulo ƙwallo da dunduniya, shi ne kuma mai jifa idan ta fita. Na 4 da na 5 dogaye ne, su ake ɗagawa sama su cafe jifan. Sauran ukun mafarauta ne. Minti 80 mutum zai yi yana ture da ɗauke, wataƙila hannunsa bai taɓa ƙwallo sau biyar ba.

To sai ga shi manyan masu horarwa da yawa daga cikin waɗannan leburorin suka fito. Warren Gatland mai lamba 2 ne, Eddie Jones ma haka. Rassie Erasmus, wanda ya kai Afirka ta Kudu ga kofin duniya na 2019, mafarauci ne. Dalilin bai ɓuya ba. Gudu baiwa ce, ba a koyar da ita. Turereniya da jifa kuwa sana'a ce mai sirri: inda za a dasa ƙafa, yadda za a miƙe gadon baya, lokacin da takwas za su saki numfashi tare, kalmomin ɓoye da ake kira don abokin hamayya kada ya gane wa za a ɗaga. Duk wanda ya shekara goma cikin wannan ya saba da tunanin mutum takwas a lokaci guda.

Sai dai a nan ne nake ganin ake yawan ruɗuwa, kuma labarin mutum biyu ya ishe mu misali. Martin Johnson, dogo mai lamba 4, shi ya ɗaga wa Ingila kofin duniya a Sidni a 2003. Kwarjini gare shi, kallo ɗaya ya isa. A 2008 aka damƙa masa ƙungiyar ƙasa alhali bai taɓa horar da ko ƙaramar ƙungiya ba. Ya ci gasar ƙasashe shida ta Turai a 2011, amma a gasar duniya ta wannan shekarar Faransa ta fitar da su a zagayen 'yan takwas, ga surutun rashin ɗa'a a sansani, ya ajiye aiki a watan Nuwamba.

Kyaftin ɗin da Johnson ya fara naɗawa shi ne Steve Borthwick, shi ma dogo ne, amma jaridu ba su taɓa ƙaunarsa ba, suna ganin ba shi da armashi. Ya yi shekara 10 a Bath, 6 a Saracens, ya buga wa Ingila wasa 57. Abin da aka san shi da shi nacin nazarin jifa. Da ya ajiye takalmi a 2014 bai tsaya jiran babbar kujera ba, ya tafi Japan ya zama yaron Eddie Jones, mai kula da 'yan gaba. Japanawa ba su da tsawo ba su da nauyi, dole a nemi dabara: saurin ɗagawa, sunkuyawa ƙasa sosai. A 2015 a Brighton, ana dab da tashi suna bayan Afirka ta Kudu da maki uku, aka ba su bugun da zai kawo kunnen doki. Suka ƙi, suka zaɓi turereniya da ƙattin da duniya ke tsoro, suka ci 34 da 32. Daga nan Borthwick ya bi Jones zuwa Ingila, inda aka riƙa ɗaukar hotonsa a kan tsani yana cafe jifan masu lamba 2 ɗaya bayan ɗaya. Ya ci kofin Ingila da Leicester a 2022, a Disambar shekarar aka ba shi ƙungiyar ƙasa. Shi ne ke zaune a benci daren da muke kallo, turereniya na cin amanarsa. Ba na cewa ya fi Johnson a fili, ko kusa. Ya dai yi almajiranci, kuma ya iya mayar da abin da wuyansa ya sani zuwa magana da wani zai ɗauka.

Mu ma mun san wannan bambanci a fagen kokawa. A Nijar, tun da Kantu na Maraɗi ya ɗauki takobin farko na gasar kokawa ta ƙasa a Tawa a 1975, har zuwa Issaka Issaka na Dosso da ya ɗauke shi sau shida, kowace jiha da tsofaffin 'yan kokawarta take zuwa, suna zaune a gefe suna raɗa wa yaro inda zai kama. Wani tsohon gwani in ka tambaye shi yadda yake kayarwa sai ya ce ikon Allah ne, iyakar bayaninsa ke nan. Wani kuwa da bai taɓa ɗaukar takobi ba zai zauna ya warware maka kamun dalla-dalla.

Zari-ruga ba baƙo ba ne gaba ɗaya a Arewa. Ƙungiyar Barewa ta Kano ta daɗe tana fitar da 'yan wasa. Jinin Nijeriya kuma ya cika sahun 'yan gaban Ingila: Victor Ubogu haifaffen Legas, Steve Ojomoh haifaffen birnin Benin, ga Maro Itoje da Borthwick ya naɗa kyaftin a Janairun 2025. Idan na ga samarin da ke sauke buhunan hatsi a kasuwar Tudun Hatsi, ko masu kokawa bayan girbi a ƙauyukanmu, sai in ce ƙira kam akwai ta. Amma a Gombe ƙafar yaro tamaula ta sani, idonsa na kan filin Pantami da Gombe United.

In ma wani ya yi sha'awar kawo wasan, wanda zai fara nema shi ne tsohon ɗan gaba, kafin ƙwallo da riguna. Turereniya da aka yi da ka karya wuya take yi. Shi ya sa dokar wasan ta ce idan ƙungiya ba ta da ƙwararrun sahun farko, a haɗa kai kawai ba tare da ture ba, kuma a 2013 aka sauya ƙa'ida aka ce sai an riƙe juna kafin a haɗu, don rage ƙarfin karon. Duk da haka jiki na biya. Steve Thompson, mai lamba 2 da ke jefa wa Johnson ƙwallo a Sidni, ya bayyana a 2020, yana ɗan shekara 42, cewa likitoci sun same shi da ciwon mantuwa. Ya ce ba ya tuna wasan ƙarshen da suka ci kofin a cikinsa.