Harshen ɗan ci-rani a sinima marar magana: Barker da Notari

Tsakanin 1880 da 1920, Italiyawa wajen miliyan 4 suka shiga Amurka, yawancinsu manoman kudu, mabiya ɗarikar Katolika. A wannan ƴar maƙala muna son mu nuna cewa sinima marar magana ba bebiya ba ce: allon rubutun da ake sakawa tsakanin hotuna (intertitre) shi ne bakinta, kuma zaɓin harshen da ke kansa yana nuna wa ake yi wa fim ɗin.

Misalinmu na farko shi ne The Italian (1915) na Reginald Barker. George Beban ya fito a matsayin Beppo, matuƙin kwalekwale wanda ya koma gogar takalma a New York. Ɗansa ya mutu lokacin zafi don rashin madara mai tsabta, bayan wani ɗan siyasar unguwa ya ƙi taimakonsa. Fim ɗin yana tausaya wa Beppo ƙwarai. Amma duk da haka, an rubuta maganarsa da gurɓataccen Ingilishi, alhali allon mai ba da labari yana cikin daidaitaccen harshe. Ke nan ɗan kallo yana jin Beppo da kunnen ɗan ƙasa. Ana tausayinsa, amma baƙo ne.

Misali na biyu shi ne Elvira Notari ta kamfanin Dora Film a Napoli, mai 'A Santanotte da È piccerella (1922). Allunanta suna amfani da karin harshen Napoli, kuma ana nuna finafinanta ga Italiyawan New York. Bugu da ƙari, ƴan ci-ranin da kansu suke biyan kamfanin ya ɗauko musu hoton bikin waliyyin ƙauyensu. A nan ibada da karin harshe aiki ɗaya suke yi: suna mayar da mutum garinsu, tun da yake da yawansu ƙauyensu suka sani kafin su san Italiya.

Masu tace finafinai na gwamnatin Musolini sun tsani karin harshe, Dora kuwa ta daina yin fim a 1930. A ganinmu, duk nazarin waɗannan finafinai da ya tsaya ga hoto, ya bar allon rubutu, ya bar rabin hujja.