GANI YA KORI JI? SHARHI KAN TSOFAFFIN KATUNAN HOTO DA TARIHIN ƘASAR DUTSE

Hausawa sun ce gani ya kori ji. Wannan magana tana da ƙarfi a kasuwa da kuma gaban alƙali, amma akwai wurin da ya kamata a yi mata waiwaye, wato wajen tsofaffin hotunan nan da matasanmu ke tura wa juna a Facebook da WhatsApp da sunan garinmu a zamanin da. Da yawa daga cikinsu an ciro su ne daga katunan gidan waya na zamanin Turawa, kuma har sun fara shiga rubuce-rubucen ɗalibai da na wasu marubuta a matsayin hujjar da ba a ja da ita. Manufarmu a wannan sharhi ita ce mu tankaɗe katin nan mu rairaye shi kamar yadda muke yi wa ƙagaggen labari: wa ya tsara shi, don wa, me ya nuna, me kuma ya bari a waje?

Katin da mai shi

Katin gidan waya wata 'yar takarda ce mai kauri da ake aikawa ba tare da ambulan ba. An fara amfani da shi a ƙasar Ostiriya a 1869, daga baya aka riƙa buga hoto a fuska ɗaya, a bar ɗaya fuskar don adireshi da kan sarki da gajeren saƙo. Lokacin da kasuwarsa ta fi ci a Turai, wato farkon ƙarni na ashirin, ya zo daidai da lokacin da Turawa suka ci Kano a 1903 da Haɗeja a 1906. Saboda haka wanda ya fara sayen katin ƙasarmu shi ne soja ko jami'in mulki ko ma'aikacin kamfanin ciniki da ke son nuna wa danginsa a Ingila irin ƙasar da aka turo shi.

To, mai kaya kuwa abin da mai saye ke so shi yake kasawa. Shi ya sa jigon katunan bai cika wuce 'yan abubuwa ƙalilan ba: ganuwa da ƙofofin Kano, kasuwar Kurmi, marinar Ƙofar Mata, raƙuma, mahaya cikin lifidi, sai dalar gyaɗa daga baya. Mutanen da ke ciki ba su da suna. A ƙarƙashin hoton sai a rubuta ɗan kasuwa ko mai rini kawai, kamar ana lissafa irin tsuntsaye. Marubucin nan na Aljeriya, Malek Alloula, ya fitar da littafi a 1981 inda ya feɗe katunan da Faransawa suka yi da hotunan matan ƙasarsa, ya nuna cewa yawancinsu shirya su aka yi a ɗakin hoto don biyan buƙatar idon baƙo. Darasinsa ya shafe mu. Mai hoto marubuci ne: yana zaɓe, yana shiryawa, yana kuma yankewa.

Ina Dutse a ciki?

Duk wanda ya bi katunan nan yana neman Dutse ko Kiyawa ko Jahun zai sha wuya kafin ya dace. Dalili a fili yake, kyamara hanyar Bature ta bi. Jirgin ƙasa ya iso Kano a 1911, kuma reshen da ya kai Nguru a 1930 ta arewa ya bi, ta Ringim da Gagarawa da Malam Madori, ya bar Dutse can kudu a cikin duwatsunta da dabinonta. A wancan zamani Dutse gunduma ce a ƙarƙashin En'e ta Kano, ba mazaunin Razdan ba. Manomin da ya noma gyaɗar da aka gina dala da ita, ya ɗora wa jaki ya kai sikeli, bai shiga hoton ba. Dalar aka ɗauka.

A nan ne haɗarin yake. Da yake ƙishirwar ganin jiya ta yi yawa, hoton kuma ya yi ƙaranci, sai a ɗauko katin wata ƙofa ta Kano ko Zariya a liƙa masa sunan Garu, ko a ɗauko taron mahaya na wani gari a ce hawan Sallah ne a Dutse. Kafin kwana biyu ɗaruruwan mutane sun yaɗa, gobe kuma ɗalibi ya kawo shi a aikin aji, jibi marubuci ya siffanta fada da shi a littafinsa. Idan aka bar haka ta ɗore, 'ya'yanmu za su gaji tarihin aro, alhali garin da littafin Tarihin Kano ya ambaci yaƙinsa da Sarki Kumbari tun ƙarni na sha takwas bai rasa abin faɗa na kansa ba. Haka nan zanen shanu da ke jikin duwatsun Habuɗe da Mesa a Birnin Kudu ya ishe mu shaida cewa mutanen wannan yanki sun bar hoton rayuwarsu tun kafin a ƙirƙiro kyamara.

Abin da ke cikin adaka

Ba muna cewa a watsar da katin Bature ba ne. Idan an sami na gaske, a juya bayansa. Hatimin gidan waya yana ba da rana da gari, kan sarki yana nuna zamani, don kuwa Arewa tana da nata kan sarki daban daga 1900 har zuwa haɗewar 1914. Sau da yawa bayan katin ya fi gabansa gaskiya, kuma shi ne ɓangaren da masu yaɗawa a waya ba sa nunawa.

Amma babban rumbun tarihin ƙasar Dutse yana cikin adakar iyayenmu. Mu ɗauki takardar haraji. Tana ɗauke da sunan mutum da ƙauyensa da shekara da abin da ya biya, wato ainihin abubuwan da katin ya hana talaka. Jerin irin waɗannan takardu na gida ɗaya zai nuna yadda haraji ya yi ta hawa, ya kuma tsaya cak a 1979, shekarar da gwamnatin Abubakar Rimi ta soke haraji da jangali a tsohuwar Jihar Kano. Sai dai ita ma tana da nata gurbin, domin baligan maza kaɗai ta sani. Matan da suka yi kaɗi da ƙuli-ƙuli aka haɗa kuɗin ba sa cikinta.

Ga kuma tsofaffin kuɗi: anini da ɗari da kwabo masu huji, da taro da sisi da sule. Anini kashi ɗaya ne cikin goma na kwabo, kuma a jikinsa akwai tauraro mai tsini shida da rubutun Larabci, abin da ke nuna cewa masu buga shi sun san irin karatun mutanen da suke son raba su da wuri. Waɗannan sunaye sun cika karin maganarmu da waƙoƙinmu, amma tun da naira ta shigo ranar 1 ga Janairu, 1973, an haifi iyaye da 'ya'ya da ba su taɓa riƙe sisi ba. Malamin Hausa da ya shiga aji da anini ɗaya a aljihu ya huta da dogon bayani.

Haka abin yake ga kayan siyasa: katin jam'iyya mai tauraron NEPU ko fartanyar NPC ko mabuɗin PRP, da kalandun da aka buga bayan ƙirƙiro Jihar Jigawa ranar 27 ga Agusta, 1991. Hoton ɗakin mai hoto ma abin nazari ne, muddin mun tuna cewa rediyon da kaka ya dafa ko agogon da ya ɗaura mai yiwuwa na aro ne. Ko da na aron ne, ya gaya mana abin da saurayin wancan zamani ke buri.

Ji ya dawo

Duk waɗannan kaya bebaye ne sai an sami mai yi musu magana. Hoton da ba a san waɗanda ke ciki ba ya rage daraja, kuma tsohuwar da za ta iya nuna kowa da yatsa ta faɗi sunansa da sana'arsa ba za ta dawwama ba. Gara da damina da gobara suna cin takarda, mutuwa tana ɗauke masu bayani, sannan gine-ginen da suka sauya fuskar Dutse, musamman tsakanin 2007 da 2015, sun sa matashi ba zai iya gane inda aka tsaya aka ɗauki hoton ba.

Don haka muna kira ga 'yan'uwa marubuta da malamai da abu uku. Na farko, kada mu sa hoto a littafi ko mu gina siffar gari a kansa sai mun san inda ya fito. Na biyu, mu tura ɗalibai gida su nemi izinin dattawa, su ɗauki hoton abin da ke adaka gaba da baya, su rubuta wa ya ba da bayani da kuma yaushe, su bar wa masu kaya kayansu. Na uku, ƙungiyarmu ta nemi haɗin kan masarautu da Jami'ar Tarayya ta Dutse, wadda aka kafa a 2011, don a sami wurin adana abin da aka tara, kamar yadda Gidan Makama yake a Kano da Gidan Arewa a Kaduna.

Gani yana korar ji ne idan mai gani ya san abin da yake kallo. A sha'anin tarihi kuwa, ido da kunne abokan tafiya ne. Allah ya ba mu ikon tsince abin da ya rage tun masu bayani suna raye, amin.